Ɗan Ƙwai Don Baffa Gidaɗo

Azare, farkon damina, 1952

Zuwa ga Goggo Fatu a Katagum,

Gaisuwa mai yawa da ladabi daga 'yarki Hadijatu, ɗiyar ɗan'uwanki Gidaɗo. Ina fata kina lafiya, ke da mutanen gida, kuma ciwon gwiwar da aka ce yana damunki ya yi sauƙi. Mu nan lafiya lau, ruwa ya sauka, an fara shuka. Maigidan yana gaishe ki.

Bayan haka, Goggo, na san za ki yi mamakin ganin takardata, don rabonmu da juna tun bikina. Gara in faɗi gaskiya, ba zumunci kaɗai ya sa na ɗauki alƙalami ba. Baffa ne ba shi da lafiya. Zazzaɓi ya kwantar da shi a ruga can wajen Disina, bakinsa ya kumbura, ƙanena Hammawa ya ɗoro shi a kan takarkari ya kawo shi asibiti. An cire masa sauran haƙoran da suka lalace, zazzaɓin ya sauka, amma aka ce ya zauna a gari yana zuwa allura. Ga shi nan a gidanmu, mun gyara masa ɗakin da ke kusa da zaure.

Abin da ya tayar mini da hankali shi ne ba ya cin abinci. Na yi tuwo mai laushi, ya dawo. Na dama kunu, na yi fate, na dama fura da nono, duk haka suke dawowa. Ruwa kawai yake sha, sai ɗan dabinon da ya zo da shi a jakarsa yake tsotsa. Malamin asibiti ya ce allura ba ta aiki a jikin da babu abinci, in aka ci gaba a haka da wuya ya ga kaka.

Kin san ni ce 'yar farinsa, ba ya kiran sunana, ba ya mini magana. Ni kuma a Misau na tashi wurin dangin uwata tun rasuwarta, ban san abin da bakinsa yake so ba. Ubana yana ramewa a gidana ina kallo, ban ma san ta inda zan tambaye shi ba.

Ranar bikina kin yi wa tsofaffi wani romo mai 'yan curi masu laushi a ciki. Na tuna wata tsohuwa da ba ta da haƙori ko ɗaya ta share akushi har tana neman ƙari. Don Allah ki aiko mini da yadda ake yin sa. Bunu mai banda zai kawo miki takardar nan, shi ne kuma zai dawo mini da amsa.

Taki,
Hadijatu

Katagum

'Yata Hadijatu,

Takardarki ta iso. Malam Jalo maƙwabcinmu ya karanta mini, shi ne kuma yake rubuta wannan, saboda haka in kin ga magana ta karkace laifinsa ne. Ina amsa gaisuwa, ki gaishe mini da Malam Maikuɗi mijinki. Gwiwa tana nan, ni da ita mun saba, ba mai barin wani.

Ashe Gidaɗo ma yana kwanciya. Ubanki taubashina ne, uwata ƙanwar ubansa ce, tare muka yi kiwon maruƙa, na san taurin kansa tun bai san ɗaura wando ba. Ki kwantar da hankalinki. Kin zo wurin da ya dace.

Abin da kika ci a bikinki mu nan ɗan ƙwai muke ce masa. Ƙanen ɗan wake ne, amma ya fi wansa tausayi, ba ya zama wa mutum a ciki. Uwar mijina Ya Gana, Allah ya ji ƙanta, ita ta koya mini, ta kuma sha dungure mini kai kafin in iya. Ki saurara da kyau.

Fara da romo. Na kifi ya fi, ga banda nan na aiko, ki wanke shi da ruwan zafi ki cire ƙaya tas. Albasa, 'yar daddawa, citta kaɗan. Barkono ki nuna wa tukunyar kawai, tunda bakinsa da rauni. Romon ya zama ruwa-ruwa, ba kaurin miyar kuka ba.

Sai ki sami ƙwan zabi uku, yanzu lokacinsa ne. Kowanne ki fasa shi daban a ludayi kafin ki juye a ƙwarya, don na damina akwai baragurbi a ciki, guda ɗaya ya ishe shi ya ɓata miki aiki. Ki kaɗa da maburgi har ya yi kumfa. Ki sa gishiri, nono ludayi ɗaya, ɗan man shanu narkakke, da ɗigon ruwan kanwa. Ga garin alkamar fadamarmu nan a ƙullin tsumma, na tankaɗe miki shi. Ki riƙa barbaɗawa kaɗan-kaɗan kina juyawa, har ƙullun ya fi kunu kauri amma bai kai tuwo ba. In kin ɗaga cokali, ki ga ya yi ɗan tunani kafin ya faɗi. Da zarar gari ya ɓace a ciki ki tsayar da hannunki. Ba tuwo kike tuƙawa ba, ba kuma faɗa kuke yi da shi ba.

Ki janye itace, romon ya riƙa motsi a hankali. Ki tsoma cokali a romo tukuna don kada ƙullu ya manne, ki ɗebo kamar girman goro, ki saki a ciki. Ki bar musu fili, za su kumbura. Sai ki rufe tukunya. Nan ne mata suke faɗuwa: kada ki buɗe. Ki tafi ki yi alwala ki yi azahar ɗinki a natse, kina sallamewa sun nuna. Ki raba ɗaya biyu, in cikinsa ya yi ido-ido kamar masa, kin gama. Harshe kaɗai ya isa ya murƙushe shi.

Na san mutanenmu na daji ba sa cin ƙwai, suna cewa abincin 'yan gari ne. Kada ki yi shela, amma in ya tambaya kada ki yi masa ƙarya. Ba ma zai tambaya ba, zai shagala da lashe cokali. Shekarata nawa ina yin abin nan, ban taɓa ajiye wa mai rai shi ya dawo mini da akushi da nauyi ba. Ki rubuto ki gaya mini sau nawa ya nemi ƙari.

Goggonki,
Fatu

Azare

Goggo,

Ina gaishe ki, ina gaishe da Malam Jalo mai alƙalami. Saƙo ya iso, banda da gari, Allah ya saka da alheri. Mu muna lafiya, in ban da Baffa.

Na farko da na yi, hannuna ya saba da muciya, na tuƙa ƙullun har ya yi danƙo. Na kuma kasa haƙuri, na yi ta ɗaga murfi ina leƙe. Abin da ya fito, da an jefi mutum da shi sai a kai ƙara. Na biyu na cika wuta, suka tarwatse a romo. Na uku kuwa na bi maganarki tiryan-tiryan, na rufe tukunya na tafi na yi sallata, zuciyata tana madafa. Goggo, sun fito kamar auduga. Na kai wa maƙwabciyata ɗanɗano, ta biyo ni har gida tana tambayar wa ya koya mini.

Na zuba a sabon akushi na rufe da faifai. Maigidan ya ɗauka da kansa kamar yadda ya saba, don tun zuwan Baffa bai taɓa yarda wani ya kai masa abinci ba. Ko yana ofishin En'e sai ya dawo gida saboda haka. Ya shimfiɗa buzu a gabansa ya zauna, yana ta lallashi, yana cewa, "Bismilla Baffa, gidanka ne, duk abin da ke gidan nan naka ne." Ran nan ma har abokansa biyu ya gayyato su taya shi ci, ko ganinsu zai sa ransa ya biya. Ina laɓe a bayan zana ina ji. Baffa ya ce alhamdu lillahi, ya ƙoshi, ya juya fuskarsa bango. Ko faifan bai ɗaga ba.

Na sake yi washegari, na sake yi jibinsa, duk labarin ɗaya ne. Kin ce ba a taɓa dawo miki da shi ba. To, ni an dawo mini, kuma ba sau ɗaya ba. Ko dai ya ji ƙamshin ƙwai ne, ko kuwa ni ce ba ya son abin hannuna. Na fi zargin na biyun. Wataƙila har yau bai huce ba da aka aurar da ni a gari ba a mai da ni ruga ba. Raina ya ɓaci ƙwarai, na yi kuka a madafa har maƙwabta suka ji.

Yanzu zoben azurfarsa ya daina zama a yatsa, ya ɗaure shi a bakin rawani. In akwai wani abin da ya fi ɗan ƙwai, ki faɗa mini.

Hadijatu

Azare, tsakiyar damina

Goggo,

Gaisuwa da ban haƙuri. Kasuwa ta ci ta sake ci ban ga Bunu ba, ban kuma ga takardarki ba. Na san abin da na rubuta ne ya ɓata miki rai, da na ce ni an dawo mini da shi. Wallahi ba gori na yi miki ba, zafin zuciya ne. Ke kin yi naki, har da garinki da kifinki. Ki yafe mini.

Dabinon Baffa ya ƙare. Ba ya iya takawa zuwa asibiti, sai malamin ya biyo shi gida da allura, shi ma ya fara girgiza kai. Da Hammawa ya zo duba shi, na ji yana ce masa ya shirya takarkari ya mai da shi ruga, gara ya cika a cikin shanunsa. Hammawa ya ce a bari hanya ta ɗan tsane. Iyakar lokacin da ya rage mini ke nan.

Na ba wani mai zuwa wajenku da ƙafa wannan takarda. Ko zagi ne ki aiko mini, ya fi shirun nan.

'Yarki,
Hadijatu

Katagum

Hadijatu,

Lafiya muke, sai ruwa. Kogi ya cika ya shafe hanya, jakunan Bunu suka maƙale a ƙetare da takardarki a jakarsa, sai da aka sami kwalekwale. Takardunki biyu rana ɗaya suka shigo hannuna. Fushin me zan yi da ke? In zan yi fushi, da kaina zan yi.

Da Malam Jalo ya karanta mini ta farko, kunnena bai ji komai ba sai cewa an dawo da girkina. Na yi ta surfa wa ubanki zagi har Malam ya ajiye takardar. Da na huce na ce ya maimaita. A nan na ji abin da kika faɗa da bakinki ba ki ji ba. Kin ce ko faifai bai ɗaga ba. Wanda bai ɗaga faifai ba, ina ya san ƙwai ne a ciki ko nama? Tun a takardarki ta farko ma kin ce ya mai da fura da nono. Bafulatanin daji ya mai da nono, ni kuma na zauna ina koya miki kaɗa ƙwai. Na daɗe a gari, kaina ya toshe.

Ba girkinki ba ne, ba kuma ƙinki yake yi ba. Kunya ce za ta kashe shi. A wurinmu mutum ba ya buɗe baki ya ci abinci a gaban surukinsa, ko da yunwa za ta kai shi kabari. Balle hatsin rumbun surukin, balle girkin 'yar fari, balle yanzu da ba haƙori, romo zai zubo masa a gemu mutane suna kallo. Mijinki mutumin kirki ne, ya yi abin da aka koya masa a gidansu. Kirkinsa ne yake kashe surukinsa. Har da gayyato abokai. Da ina wurin da na kore su da muciya.

Ga abin da za ki yi, kada ki rage ko ɗaya. Ki sami mijinki cikin ladabi ki fahimtar da shi. Ya gai da Baffa da safe daga bakin ƙofa ya wuce, lokacin abinci kuma kada ko tarinsa a ji a gidan. Ki aika wa Hammawa ya bar maganar takarkari, ya koro saniya mai tatsa guda ɗaya daga garken ubanku da ɗan maraƙinta, a ɗaure ta inda Gidaɗo zai gan ta daga ɗaki. Nono da man da za ki sa su zama nata. Ƙwai kuma Hammawa ya tsinto na zabin daji, wannan ba na kowa ba ne. Gari ga wani nan na ƙaro. Ki tsaya a tsakar gida ki faɗa da ƙarfi, kamar da maƙwabciya kike, cewa alkamar Fatu ce ta Katagum. Kayan taubashi halal ne a gare shi, tun muna yara yake kwashe mini fura, bai taɓa jin kunya ba. Kin ga ke nan babu abin surukinsa a cikin akushin sai itacen da aka dafa da shi.

In kin gama, ki tura akushin cikin ɗaki, ki saki asabari, kowa ya bar wurin. Yadda na hana ki buɗe tukunya, haka na hana ki leƙa ɗakin nan. In kin dawo kin tarar ya ci, kada ki yi guɗa, kada ki ce masa sannu, kada ki gaya wa kowa a inda zai ji. Ki ɗauke kwanonki ki wanke kamar ba a yi komai ba.

Wannan karon ba cika baki nake yi ba. Na san ɗan ƙwai, na kuma san Gidaɗo, dā ɗaya kawai na tuna.

Fatu

Azare, kaka

Goggona,

Gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kogi ya koma makwancinsa, gwiwa kuma ta bar ki kin ga girbi. Na yi jinkirin rubutu da gangan, ina so in ga ƙarshen abin tukuna.

Maigidan ya ji ciwon maganar. Ya ce su a gidansu barin baƙo ya ci shi kaɗai shi ne wulakanci, ashe duk kwanakin nan azaba yake ba bawan Allah. Washegari ya nemi a sa shi cikin masu fita rangadi ƙauyuka, ya tafi, don ya ce in yana gida ƙafarsa za ta kai shi ɗakin ba da saninsa ba.

Hammawa ya koro wata saniya mai farin goshi, Wule suke ce mata. Tana shigowa ta yi kuka, sai ga Baffa ya rarrafo bakin ƙofa, mutumin da ya yi kwanaki bai ɗaga kai ba. Na tatsa, na kaɗa mai, na yi ɗan ƙwai yadda kika koya mini. Na tsaya a tsakar gida na yi shelar alkamarki har maƙwabciyata ta leƙo ta katanga tana tambaya ko lafiya. Na tura akushi, na saki asabari, na koma madafa na zauna a kan hannuwana. Rufe tukunya wasa ne a kan wannan.

Ranar farko romon ya sha, ya ci guda biyu. Na ga gurbinsu, na ciji leɓena na wanke akushi. Kafin mako ya zagayo akushin yana dawowa kamar an wanke. Yanzu na iya abin har ina sa shi a romon kaza da miyar taushe mai ruwa, matan unguwa kuma sun dame ni, na koya wa mutum huɗu. Duk a wurin murfi suke faɗuwa, ni ma har na fara dungure kai.

Wata safiya ina tsugune ina tatsa, ya fito da sandarsa ya tsaya ta ɗaya gefen saniyar yana shafa wuyanta. Bai dube ni ba. Sai na ji ya ce, "Wule, ki gaya wa masu gidan nan gishiri ya yi kaɗan. Ki kuma ce ƙwai uku ba ya riƙe babban mutum, a ƙara ɗaya."

Goggo, da Hausa ya faɗa. Saniyar da tun da aka haife ta ba ta taɓa jin Hausa ba. Ya san Fulatancina bai taka kara ya karya ba. Na sunkuyar da kai a cikin ƙwarya na ce, "Wule, ki ce an ji."

Tun daga ranar Wule ba ta huta ba. Ta bakinta na ji cewa alkamar Fatu akwai tsakuwa, wai a gaya miki har yau ba ki iya tankaɗe ba. Ta bakinta ya tambayi ina maigidan ya shiga, ya ce a gaya masa ya dawo gidansa, ba a korar mutum daga gidansa saboda tsoho. Da maigidan ya dawo suka gaisa daga nesa, kowa ya kama gabansa, kuma na ga sun fi jin daɗin juna a haka.

Malamin asibiti ya sallame shi. Zobe ya koma yatsa. Jiya Hammawa ya zo da takarkari, Baffa ya ce shi ba kaya ba ne, da ƙafarsa zai tafi. Na ƙulla masa sauran garinki, na koya wa Hammawa yadda zai gaya wa matarsa, na ja masa kunne a kan murfi.

Da za su fita ya je wurin saniyar ya daɗe yana shafa ta. Ina bakin madafa. Ya ce, "Wule, ki ce wa mai girkin hannun uwarta ta ɗauko." Ni da ban san fuskar uwata ba, ba wanda ya taɓa gaya mini na ɗauko wani abu nata. 

Hammawa ya sunkuya zai kwance igiya, Baffa ya buge masa hannu da sanda. Ya ce a bar ta nan ita da ɗanta, zai dawo da rani, kada ya zo ya tarar babu mai kai saƙo.

Ga man Wule nan a ɗan ƙoƙo na ba Bunu ya kawo miki. In alkama ta nuna ki tuna da ni, ki kuma tankaɗe da kyau, kin ji an yi ƙorafi.

'Yarki,
Hadijatu